Yadda nake kama baƙuwar kalmar Ingilishi

Shekara goma sha ɗaya ina koyar da Ingilishi a nan Tawa, amma a wani taron malamai a Yamai na buɗe baki na ce "epitom". Wata malama ƴar Gana ta bari sai da aka fita shan shayi, ta matso ta ce, "Malam, gaɓa huɗu ce: i-PI-to-mi." Kalmar epitome ke nan, wato cikakken misalin abu. Na san ma'anarta sarai, bakina ne ya bi hanyar lakwal, wato makarantar Faransanci.

Mu da muka yi karatu da Faransanci muna da gata. Tun 1066, da William na Normandi ya ci Ingila da yaƙi, kalmomin Faransanci suka kwarara cikin Ingilishi. To, in ka gamu da kalma mai ban tsoro, fara leƙa cikinta ko akwai ɗan gida. Defenestration, ai ga fenêtre, wato taga, nan zaune a tsakiya: jefo mutum ta taga, kamar yadda aka yi wa wakilan sarki a birnin Prag a 1618. Ka karɓi ma'anar, amma lafazin kada ka roƙe shi a wannan gida.

Lafazi sai ƙamus mai murya. Na Cambridge yana intanet kyauta, da maɓalli biyu, na Ingila da na Amurka. Zaɓi ɗaya ka tsaya a kai. Kafin ka danna, nemi ɗan gajeren layin nan da ke tsaye a sama cikin rubutun lafazi: gaɓar da ke bin sa ita ake ɗora wa nauyin murya. Nan muke faɗuwa, don Faransanci ya saba mana da jinginar da nauyi a ƙarshen kalma. Saurara sau uku, ka faɗa da ƙarfi, ka naɗi muryarka a WhatsApp ka aika wa kanka. Ba daɗin ji, na sani.

Sai ka rubuta kalmar a kaye, wato littafin rubutu, da baƙaƙen Hausa yadda kunnenka ya ji, ba yadda idonka ya gani ba. Victuals, guzuri ko abinci, kusan "bitils" ake cewa. Colonel kuwa maƙwabtanmu na Najeriya sun riga mu, "kanar" ɗinsu ya fi "kolonel" ɗinmu kusa da gaskiya. Bara wani ɗalibi ya karanta quay ya ce "ƙwai", aji ya fashe da dariya. Na ce masa, "Ɗana, ba na zabo ba ne, 'kii' ake cewa, matsayar jirgin ruwa." Har yau abokansa Mai Ƙwai suke kiransa.

Kalma biyu a mako ta isa, in dai ka ɗaura kowace a jikin abin da ka sani. Petrichor, "PE-tri-ko", wasu masana biyu a Ostareliya suka ƙirƙiro ta a 1964 don ƙamshin da busasshiyar ƙasa ke yi in ruwan farko ya sauka. Ban koyar da ita cikin bazara ba. Na jira ranar da hadari ya taso daga gabas, yayyafi ya fara bugun kwanon aji, na sa aka buɗe tagogi, sannan na ɗauki alli.