Yadda zaka nuna wa yaranka asalin duwatsun Hijaz, daga falon gida har saman Hada

'Yan uwa mazauna Jidda da Makka, darasin da ake koya wa yaranmu a makaranta kan motsin farantan ƙasa, wanda suke haddacewa ranar jarrabawa su manta washegari, wallahi gashi nan shimfiɗe a ƙofar gidanmu. Mutane na tasowa daga Turai da kuɗinsu don suzo su kalli Bahar Maliya da duwatsun da ke gefenta, mu kuma kullum muna wucewa ta cikinsu a mota muna danna waya. Toh ga yadda zaka koyar da abin da kanka, ba sai kana da digiri ba.

Da farko kai ma ka riƙe tushen maganar. Saman duniyar nan da muke takawa ba guda ɗaya bane, a tsattsage yake gida gida kuma kowane yanki shi ake kira faranti, kaurinsa ya kan kai kamar kilomita 100. A ƙarƙashinsu akwai dutse mai tsananin zafi wanda bai narke ya zama ruwa ba amma yana iya jan jiki a hankali a hankali, shi yasa farantan suke tafiya, wasu santimita ɗaya a shekara wasu har goma. A inda biyu suka haɗu abu uku ne ke faruwa: ko su rabu, ko su yi karo, ko su goga juna suna wucewa. Abin da yasa Saudiyya ta dace da wannan darasin shine farantin Larabawa da muke zaune a kai yana da duka ukun. Ta yamma yana rabuwa da Afirka, ta arewa maso gabas yana tunkuɗar Iran, ta wajen Aƙaba kuma yana gogayya. In wani a gida yace ai Allah ne ya halicci duwatsu, kace masa ƙwarai kuwa, ba wanda yayi musu, ruwan sama ma Allah ke saukarwa kuma bai hana mu sanin hadari da iska ba.

Sai gwajin gida. Ka samo busasshen yashi kamar bokiti ƙarami, garin fulawa kofi biyu, kwali guda biyu masu ƙwari (ka roƙa a baƙala, wato kantin unguwa, zasu baka), da babbar roba mai haske wadda ake ganin cikinta. Ka shimfiɗa leda a ƙasa tukuna, don in ba haka ba kai da uwargida ne.

Ka ajiye kwalayen a ƙasa bakin ɗaya ya ɗan hau kan ɗaya. Ka zuba yashi kamar kaurin yatsa biyu, ka barbaɗa fulawa siriri, ka sake yashi, ka sake fulawa, har ya kai kamar santimita shida, sannan ka shafe saman ya kwanta sumul. Yanzu yaro ɗaya ya danne kwali ɗaya, ɗayan yaja nasa baya. A hankali fa, wannan shine sirrin duka, in ya fizga yashi ne kawai zai watse ba abin da za a gani. In yaja da sannu zaku ga tsaga biyu sun bayyana a sama, sai tsakiyarsu ta fara zama ƙasa, gefe da gefen suna gutsurewa suna sauka kamar matakala. Ku tsaya nan ku kalla da kyau. Wannan ramin mai tsawo shine Bahar Maliya kafin ruwa ya shiga.

Na biyu, wato karo, ka jera yashi da fulawar a cikin robar, ka tsayar da kwali a gefe ɗaya ka dinga turawa ciki. Ta jikin robar zaku ga fararen layukan fulawa suna lanƙwashewa, wasu su karye su hau kan 'yan uwansu, tudu yana tashi a gaban kwalin. Na ukun, wato gogayya, baya ɗaukar lokaci: kwali biyu kafaɗa da kafaɗa, yashi a kai, ka ja layin fulawa ya ratsa su, sai a tura ɗaya gaba. Layin zai tsinke ya goce.

Daga nan ka buɗe Google Maps ka saka hoton tauraron ɗan adam, ka janyo har ka ga Bahar Maliya gaba ɗaya. Kada ka gaya musu komai, ka tambaye su me suka lura game da bakin ruwan Saudiyya da bakin ruwan Sudan. Yawanci yaro da kansa zai ce in aka matso su zasu haɗe. Haka wani Bajamushe Alfred Wegener ya lura da gaɓar Afirka da ta Kudancin Amurka, ya fito da maganar a 1912, masana suka ƙi yarda har ya mutu a 1930, sai a shekarun 1960 da aka auna ƙasan teku aka gane yana da gaskiya. Tsagewar tamu ta Bahar Maliya ta fara kusan shekara miliyan 30 da suka wuce, kuma yanzu tana buɗewa kamar santimita ɗaya a shekara. Ka basu lissafi suyi: santimita ɗaya sau miliyan ɗaya kilomita 10 kenan, sau 30 ya zama 300. Saurin ya sha canzawa don haka lissafin ba daram yake ba, amma ya kusa da faɗin tekun a yau. Wannan ruwan da kakanninmu suka tsallaka daga Sawakin zuwa Jidda bayan sun yi shekaru a hanyar Hajji, akwai lokacin da babu shi sam. Duwatsun da ke bayan Bur Sudan da na Hijaz tushensu ɗaya ne, shi yasa ake haƙar zinariya a Mahd adh Dhahab nan, ake haƙarta a tsaunukan gabashin Sudan can.

Toh yanzu sai hanya, daga Jidda ta Makka har saman Hada, tsaunin da ake hawa kafin a isa Ɗa'if, kuma nan ne nake so a ɓata lokaci. Ka zaɓi ranar da gari yake garau, don hanyar Hada akan rufe ta in hazo ko ruwa yayi yawa. Ka sauke manhajar auna tsayi a waya ka ba yaro ɗaya, wani kuma ya riƙe biro da takarda yana rubutawa duk bayan ɗan lokaci.

A Jidda zai nuna kusan sifili. Wannan shimfiɗaɗɗen filin mai zafi da gumi shine Tihama, gefen ramin ne da ya zauna ƙasa, yashi da tsakuwar da ruwa ya kwaso daga tsauni suka cike shi. Kana shiga Makka lambar bata kai mita 300 ba a wajen Harami amma duwatsu sun kewaye ka. Waɗannan tsofaffi ne ƙwarai, sun haura shekara miliyan 550, yawancinsu sun daskare ne a can cikin ƙasa kafin zaizaya ta tono su. Ka tsaya inda ya halatta ka ɗauki ɗan gutsure ka nuna musu ƙwayoyin ciki, fari da baƙi da mai ƙyalli. Ƙwaya manya alamar dutsen ya huce a hankali ne a ƙarƙashin ƙasa.

Bayan Arfa zaka shiga Wadi Nu'uman, inda ruwan Ainu Zubaida yake tasowa. Ka rage gudu ka sa su dubi gaba. Katangar dutse ce ta tare gabas kaf, ita ce Sarawat, kuma cikin 'yan kilomita kaɗan na kwana kwana lambar wayar zata tashi daga ɗaruruwa zuwa wajen mita 2,000, kunne yana toshewa, iska tayi sanyi, birai suna zaune a kan shingen titi (a rufe gilas, kada a basu abinci).

A saman nan ne zaka yi musu tambayar da ta fi kowacce: in karo ne ke tada tsauni, me ya tada wannan, alhali nan rabuwa ake? Yawancin mutane nan suke kuskure, suna ɗauka duk tsauni sai an yi karo. Sarawat kafaɗar tsaga ce. Dalili biyu ne. Zafin da ya taso daga ƙasa ya tsaga farantin shi ya dumama dutsen yankin, dutse mai zafi kuwa bai kai mai sanyi nauyi ba don haka sai ya ɗago. Sannan da tsakiyar ta zame ƙasa, nauyin da ke danne bakin ya ragu sai bakin ya tashi sama. Yashin gida baya nuna wannan, shi yasa dole sai an zo an gani. Hujja kuma tana gabanka: ta yamma gangare ne tsaye mai ban tsoro, ta gabas kuwa daga Ɗa'if mai wajen mita 1,800 ƙasar tana sauka ne sannu sannu, Riyad kamar mita 600, har ka isa Dammam a bakin ruwa. Gaba ɗaya farantin ne ya karkata. In ka bi katangar kudu tana ƙara tsayi, wajen Abha Jabal Sauda ya kai kusan mita 3,000.

Kada a haɗa kwari biyu a suna ɗaya. Akwai kwarin da ƙasa ta tsage ta zauna, irin Bahar Maliya. Akwai wanda ruwa ya sassaƙa, irin yawancin wadin da muke gani, sai dai ruwan ya kan bi tsohuwar tsaga don nan dutse yafi rauni. Motsin faranti ya ɗaga ƙasa, ruwa kuma yana ta yanka ta. Wannan ba karatu bane kawai, dan Allah a kula. Tunda gangaren tsaye ne kuma ba ciyayin da zasu riƙe ruwa, in anyi ruwa a sama yana saukowa ne a guje ko da a inda kake rana ake. Ambaliyar Jidda ta 25 ga Nuwamba 2009 ta kashe mutum sama da 100. Kada ka shimfiɗa tabarma ko ka ajiye mota a cikin wadi in akwai hadari a kan tsauni.

In Allah ya kai ku ziyara Madina, ko a mota ko a jirgin ƙasa, ka sa su lura da filayen baƙaƙen duwatsu da ake kira harra. Narkakken dutse ne da ya fito ta tsaga ya malale ya daskare. Ka kwatanta gutsurensa da na Makka: wannan baƙi ne, ƙwayarsa bata ganuwa, yana da 'yan ramuka inda iska ta fita, don ya huce da sauri a fili. Kuma ba tsohon labari bane. A shekarar 654 ta Hijira, wato 1256, wuta ta fito a Harrat Rahat kudu maso gabashin Madina, narkakken dutse ya gangara kilomita da dama kafin ya tsaya bai shiga gari ba, malaman tarihi na lokacin sun rubuta. A 2009 ma a yankin Al-Ais ƙasa tayi ta girgiza sau dubbai, ta tsage tsawon kusan kilomita 8, aka kwashe mutum wajen 40,000. Hukumar binciken ƙasa ta Saudiyya da ke Jidda tana da na'urori tana sa ido a wuraren.

Karo da gogayya kam sai dai a taswira. Ka matsa gabas zuwa Iran ka nuna musu tsaunukan Zagros, zaku ga dogayen tuddai a jere kamar layukan fulawar robar nan, farantinmu ne ke tura su. Mafi girman irinsa Himalaya, inda Indiya ta daki Asiya kusan shekara miliyan 50 baya, har Everest ya kai mita 8,849 kuma a ƙololuwarsa akwai dutsen da ya samu a ƙasan teku da burbushin halittun ruwa a ciki. Gogayyar kuma ta bi ta tekun Aƙaba zuwa Bahrul Mayyit, wanda bakinsa yake sama da mita 400 ƙasa da teku. A tekun Aƙaban aka yi girgiza mai ƙarfin sama da maki 7 a Nuwamban 1995 wadda ta taɓa garin Haƙl, kuma girgizar Turkiyya da Siriya ta 6 ga Fabrairun 2023 mai maki 7.8 a bakin arewa na wannan farantin namu ta faru.

In yaran sun tambaya toh gida fa, ka nuna musu kwarin Binuwai. Lokacin da Kudancin Amurka ke rabuwa da Afirka sama da shekara miliyan 100 da suka wuce, wata tsaga ta shigo cikin Najeriya daga kudu ta nufi arewa maso gabas, sai dai bata ƙarasa ta zama teku ba ta tsaya, laka da yashi suka cike ta, kogin Binuwai kuma ya samu hanya a ciki. Ku bi kogin da yatsa daga Lokoja zuwa Yola, sannan ku dawo ku bi Bahar Maliya daga Yanbu zuwa Jizan, su faɗa maka da bakinsu wacce ta tsaya wacce ke ci gaba da buɗewa.