Kada ka kashe waya a hutun rabin lokaci: yadda ake bin ƙwallon jami'o'in Amurka daga Damagaram

A fadarmu ta Sabon Gari ni kaɗai nake kallon ƙwallon Amurkawa, wadda ake runguma a ruga da ita. Sauran duk ƴan Barcelona ne da Real Madrid. Kwanan baya ƙanena ya ce, "Yaya, koya mini abin nan da ke hana ka barci." Ga abin da na gaya masa.

Ka fara da ƙungiya ɗaya, kaka ɗaya. Ni ta jami'ar TCU da ke Fort Worth a jihar Texas nake ba mutum, kakar 2022. A 2021 wasa 5 suka ci, aka ci su 7. Aka kawo sabon koci, Sonny Dykes, ba wanda ya sa su a lissafi, sai ga shi sun ci wasa 12 a jere.

Sannan ka koyi ƙirga, don nan ne mutanenmu ke ɓata. Wanda ya kai ƙwallo ƙarshen fili yana da maki 6, in ya ƙara bugu ya zama 7. Bugu tsakanin sanduna maki 3 ne. Kowace ƙungiya tana da dama huɗu ta ci yadi 10, in ta kasa, ƙwallo ta koma hannun abokan karawa. Saboda haka in ka ga 28 da 10, kada ka auna da ma'aunin balo ka ce an gama. Ratar maki 18, kai ƙwallo ƙarshen fili sau uku kawai ya isa rufe ta. Abin tambaya shi ne, sau nawa ƙwallo za ta sake dawowa hannunsu kafin lokaci ya ƙare?

Ni ma sai da na yi asara kafin na gane. Ranar wasansu da Kansas State, a watan Oktoba, wajen ɗayan dare aka fara a agogonmu. Da na ga ana jan TCU 28 da 10 na kashe waya na kwanta. Da asuba na tarar TCU ta ci 38 da 28, ba a sake zura musu ko maki ɗaya ba. Abin ya yi mini ciwo, don mako ɗaya kafin nan Oklahoma State ta ja su 24 da 7, suka farfaɗo suka ci 43 da 40 bayan ƙarin lokaci har sau biyu. Na ga wannan da idona, amma ban ɗauki darasi ba.

Maganar lokaci: yawanci Asabar ake wasa. Na tsakar ranarsu yana faɗo mana wajen biyar ko shida na yamma, na darensu kuwa sai bayan sha biyu. Wasa ɗaya kan wuce awa uku, don haka ka cika batir tun da rana saboda ɗaukewar kuran, ka tanadi forfe, ka ɗora shayi. In forfen bai isa ba, taƙaitaccen wasa a YouTube ya wadatar, amma ka rufe ido ga sakamakon kafin ka danna.

Ana raba wasa kashi huɗu; a kashi na huɗu ka bar kallon ƴan wasa kaɗai, ka riƙa duba agogo. Wasan TCU da Baylor a Nuwamba shi ne makarantar wannan. Ana jan su 28 da 26, ba su da sauran damar tsayar da lokaci, daƙiƙoƙi na zubewa, masu bugu suka shigo fili a guje, Griffin Kell ya buga daga yadi 40, ta shiga daidai lokacin da agogo ya ƙare. 29 da 28.

Ka shirya zuciyarka kuma. Kansas State ta rama a wasan kofin rukuninsu, 31 da 28. Ranar 31 ga Disamba TCU, da mai jefa mata ƙwallo Max Duggan a gaba, ta kayar da Michigan 51 da 45, abin da kaɗan ne suka zata. A wasan ƙarshe na ƙasa kuwa Georgia ta lallasa su 65 da 7. Daren nan ban kashe waya ba, na zauna cikin sanyin hunturu da bargo har aka tashi.

Ƙanena ya ce da wanne zai fara. Na ce da mintuna biyun ƙarshe na wasan Baylor, ya zo fada bayan isha'i mu kalla tare.