Kurakuran masu zana labarin ban tsoro a unguwar gefen birni

Kuskuren da na fi gani wurin sababbin masu labarin zane shi ne tun shafin farko su mayar da unguwar kamar maƙabarta: hadari ya haɗo, bishiyoyi sun bushe, tagogi a farfashe. To me kuma ya rage a ji tsoronsa? Ita unguwar gefen birni, zaman lafiyarta ne makaminka. Dubi Levittown da aka fara ginawa a jihar New York ta Amurka a 1947, gidaje a jere iri ɗaya sak, kowanne da ciyawarsa a ƙofa. Zana irin wannan da rana tsaka, fes, sannan ka ɓata abu guda tak. Maƙwabci yana ba ciyawa ruwa a akwatin zane na farko. A na huɗu yana nan yadda yake, ruwa ya kai masa idon sawu. A na shida dare ya yi, bai motsa ba, murmushin ma bai sauya ba. Wallahi wannan ya fi dodo goma tayar da tsikar jiki.

Sai wurin ajiye abin firgita. Ido yana riga karatu gudu; da an buɗe littafi ya leƙa shafuka biyun gaba ɗaya. In ka sa fatalwar a ƙasan shafin dama, an ganta tun kafin lokacinta. A littafin da ake karantawa daga hagu zuwa dama, tsaya a zanen hannu a kan mariƙin ƙofar gareji a ƙarshen shafin dama, abin da ke ciki ya jira a juya takarda.

Jini kuwa, a rage. A 1954 masu buga irin waɗannan littattafai a Amurka sun kafa wa kansu dokar tacewa da ta hana zana masu shan jini da gawa mai tafiya. Yau wannan takunkumin ya kau, shi ya sa wasu ke malala ja a kowane shafi har ido ya saba. Ɗigo uku a kan farin tayil ɗin kicin sun isa.

Yawan surutu ma na kashe labari. Kada matar gida ta ce tana jin tsoro. Nuna ta tana duba makullin ƙofa karo na uku, akwatin babu kalma ko ɗaya, yaran maƙwabta kuma suna ta wasa da kekensu a waje.