Yadda Ake Shuka Gorar Ado Mai Jure Sanyi Wadda Ba Ta Yaɗo

Kafin ka sayi gora, duba irin saiwarta. Akwai mai yaɗo, irin su Phyllostachys, wadda saiwarta ke bin ƙarƙashin ƙasa har ta ɓullo a lambun maƙwabci. Akwai kuma mai zama dunƙule wuri guda: saiwarta gajera ce, da ta ɗan matsa sai ta lanƙwaso sama ta zama kara, shi ya sa gindinta ba ya ƙaruwa sai da ƴan santimita a shekara. A cikin masu dunƙulewa, dangin Fargesia ne suka fi jure sanyi. Asalinsu duwatsun ƙasar Sin ne, irin na lardin Sichuan, inda dabbar panda ke cin su.

Fargesia murielae da Fargesia nitida suna ɗaukar sanyin digiri 25 ƙasa da sifili a ma'aunin Salshiyos, kuma suna kai mita 3 zuwa 4. Fargesia rufa ta fi su gajarta, mita 2 zuwa 3, tana saurin cika. Fargesia robusta ta fi jure rana, amma ba ta kai su jure sanyi ba.

Zaɓen wuri shi ne rabin aikin. Wannan gora a ƙarƙashin bishiyoyin kan dutse ta saba rayuwa, don haka hantsi take so, ba ranar tsaka ba. Nemi inda inuwa ke sauka daga azahar, kuma iska ba ta kaɗawa da ƙarfi. Inda ake zafi mai tsanani har dare ba ya hucewa, ba za ta yi kyau ba ko da an wadata ta da ruwa. Gara a nemi wani iri.

Lokacin dashe shi ne bayan hunturu, da ƙasa ta saki daga daskarewa. Haƙa rami mai faɗin tukunyar da gorar ta zo a ciki sau biyu, amma zurfinsa daidai da nata. Gauraya ƙasar da ka fitar da ruɓaɓɓen taki, kashi ɗaya na taki, biyu na ƙasa. Jiƙa gindin cikin bokiti har kumfa ya daina tasowa, sannan ka ajiye shi yadda samansa zai yi daidai da fuskar ƙasa. Binne shi da zurfi yana ruɓar da saiwa, haka ma ƙasar yumɓu mai riƙe ruwa. A irin wannan ƙasa, tayar da kunya ka dasa a kai. Idan shinge kake so, bar tazarar mita 1 tsakanin gindi da gindi. Ka ba ta ruwa sosai, ka lulluɓe gindin da ɓawon itace ko busasshen ganye, kaurin lulluɓin ya kai santimita 5 zuwa 8.

Shekara biyun farko, kada ƙasar ta bushe. Cusa yatsa: in ka ji babu danshi, ba ta ruwa mai yawa lokaci guda, ba yayyafi kullum ba. Gora tana faɗa maka halin da take ciki. Za ka ga ganyen ya nannaɗe tsawonsa kamar tsinke, don rage asarar ruwa. In ya warware da yamma, rana ce kawai ta dame shi. In ya kwana a nannaɗe, ƙishi ne. Ganyen da ya yi rawaya alhali ƙasa na jiƙe sharkaf kuwa, ruwa ne ya yi yawa.

Taki mai yawan naitirojin, sinadarin da ke sa ganye bunƙasa, sau biyu a shekara ya isa: farkon fitowar toho, da farkon lokacin zafi. Bayan nan a dakata, domin taki na jawo sabon toho, kuma tohon da ya makara sanyi ne ke kashe shi. Ganyen da ya zuba kada a share. Shi ke mayar wa ƙasa da sinadarin silika, mai ƙarfafa kara da ganye.

Wajen yanka ne mutane suka fi kuskure. Kowane kara yana gama tsawonsa cikin kusan wata biyu da fitowarsa, daga nan ba ya ƙara tsawo ko kauri har ya mutu. Wanda ka sare wa kai ya tsaya ke nan, sai dai rassa su cika. Saboda haka in za ka rage tsawo, yanka dab da saman gaɓa. Kada kuma gajerun karan shekarar farko su karya maka gwiwa, na kowace shekara suna fin na bara tsawo. Daga shekara ta huɗu, riƙa cire tsofaffi da busassu daga tushe, kada ya wuce kashi ɗaya cikin uku.

A hunturu ba sanyi ne ya fi kashe ta ba, ƙishi ne. Ƙasa ta daskare, saiwa ta kasa jan ruwa, iska kuma tana busar da ganye. Ba ta ruwa a ranakun da ƙanƙara ta narke. Dusar ƙanƙara in ta kwantar da karan, girgiza su a hankali, za su miƙe. Gorar da ke cikin tukunya ta fi shiga haɗari, sai a naɗe tukunyar da buhu a matsar da ita jikin bango. Duk shekara 3 zuwa 5 a fito da ita kafin toho, a raba gindin da zarto, kowane yanki da kara uku ko fiye da saiwarsu.