Kurakuran da ke ɓata fudin burodi da ɗanyen fic

Fudin burodi abinci ne da aka ƙirƙira don kada burodin da ya kwana ya tafi a banza. Ya daɗe a gidajen talakawan Ingila, daga baya ya bazu zuwa Amurka, inda birnin Niyu Olins ya yi suna da irin nasa. Haɗinsa ba shi da wuya: burodi, madara, ƙwai da sukari, a gasa. Amma da zarar an zuba masa ɗanyen fic (wato nunanne wanda ba a dafa ba), wannan ɗan itacen mai laushin gashi a bawo da Larabawa ke kira khokh, aikin ya canza. Kusan kashi 90 cikin 100 na fic ruwa ne, kuma wannan ruwan sai ya fito a cikin wuta. Yawancin fudin da ya lalace, idan aka bi diddigi, ruwa ne aka rasa inda za a kai shi. Ko burodin bai da wurin shansa, ko fic ɗin ya zubar da nasa a inda bai kamata ba, ko zafi ya matse ƙwan har ya saki wanda ya riƙe.

Kuskuren farko tun a kasuwa ake yinsa. Mun saba da mangwaro: a tsinko shi da ɗan tauri, a rufe shi kwana biyu, ya nuna ya yi zaƙi. Mangwaro yana da sitaci a jikinsa, shi ne ke komawa sukari bayan an tsinke shi. Fic ba shi da wannan ajiyar. Bayan an cire shi daga bishiya zai yi laushi, tsaminsa ya ɗan ragu, ƙamshinsa ya ƙaru, amma sukarinsa yana nan inda aka bar shi. Wanda aka tsinka da wuri ba zai taɓa yin zaƙi ba, ko sati ya yi a ɗaki. Saboda haka, uwargida, kada jan da ke kumatunsa ya ruɗe ki, rana ce kawai ta taɓa wurin. Ki juya shi ki duba gefen hancinsa, inda yake maƙale da reshe. Idan akwai kore a nan, ki ajiye. Wanda kike nema shi ne mai launin ɗorawa a wurin, mai ƙamshi tun kafin a yanka, wanda yake ɗan lotsawa idan kin danna a hankali.

Lokaci ma yana da nasa. A Turai da Amurka da Sin, wadda daga can ya samo asali kuma ita ke noma fiye da rabin na duniya, fic na bazararsu ne, daga Yuni zuwa Agusta. Na Afirka ta Kudu kuwa daga wajen Nuwamba zuwa Maris yake fitowa. Wanda ya zo a farkon kaka galibi tsokarsa manne take da ƙwallon, sai an yanka ta gefe-gefe. Na tsakiyar kaka da ƙarshenta ya fi rabuwa da ƙwallo cikin sauƙi, kuma shi ya fi daɗin aiki.

Daga kasuwa sai firij, nan ma ana yi masa illa. Fic mai tauri da aka ajiye a sanyin digiri 2 zuwa 8 na ma'aunin Selshiyos, wanda shi ne sanyin firij ɗin gida, yana samun lahani idan ya daɗe: tsokarsa ta bushe ta yi gari-gari, ƙamshin ya gudu. Ki bar shi a sarari, ko ki sa a jakar takarda kwana ɗaya ko biyu ya yi laushi. Bayan ya nuna ne firij ke da amfani, shi ma na kwana biyu ko uku.

Yanzu ga babban lamarin, wato yadda ake shigar da fic cikin kwaɓin. Abin da aka fi yi shi ne a yanka shi a zuba ɗanye a juya. A cikin obin kowane yanki zai saki ruwa a kewayensa, ruwa mai tsami, kuma tsami da zafi idan suka haɗu a kan madara, tsinkewa take yi. Idan an yanka fudin sai a ga kowane fic yana zaune cikin ɗan rami mai ruwa, burodin da ke kusa da shi ya jaɓe, ƙasan kwanon kuma ya tara romo. Mutane da yawa sukan ɗauka bai gasu ba ne, su mayar da shi wuta, su ƙara ɓata shi.

Gyaran hanya biyu ne. Ta farko: ki yanka fic ɗin da kauri kamar ɗan yatsa, ki barbaɗa masa sukari cokali biyu da ɗan gishiri, ki zuba a rariya ki ɗora a kan kwano, ki bar shi minti 30. Sukarin zai jawo ruwan waje. Ta biyu, kuma ita na fi so nesa ba kusa ba: ki narkar da bota cokali ɗaya a kasko mai faɗi, ki zuba fic ɗin da sukari cokali biyu, ki ba shi wuta mai ƙarfi minti 4 zuwa 5, har gefensa ya fara ja. Kada ki cika kaskon, gara ki yi sau biyu, domin idan ya cunkushe dahuwa zai yi maimakon soyuwa. Wannan suyar tana fitar da ruwan, tana kuma tattara ɗanɗanon wuri ɗaya, har fic mai matsakaicin zaƙi ma sai ya farfaɗo. Ko wace hanya kika bi, ruwan da ya fita kada ki zubar, kada kuma ki mayar da shi cikin kwaɓin. Ki tafasa shi daban har ya yi kauri kamar zuma, ki matsa masa ɗan lemun tsami, shi za ki yaryaɗa a kai lokacin ci. Zubar da wannan ruwan asara ce, rabin ƙamshin fic ɗin yana cikinsa.

Batun bawo ba ya buƙatar dogon bayani. Idan aka bar shi yakan saɓule a cikin obin ya zama zare-zare a baki. Ki tsaga gindin kowane fic da wuƙa kaɗan, ki tsoma a tafasasshen ruwa daƙiƙa 30 zuwa 60, ki cire ki jefa a ruwan sanyi, bawon zai zame da yatsa. Ƙwallon kuma ki kawar da shi daga inda yara suke. Ɗan da ke cikinsa ya yi kama da almon, wata ƙwaya da ake ci, amma yana ɗauke da sinadarin da ke komawa guba a ciki, ba abin fasawa a ci ba ne.

Sai burodi. An daɗe ana cewa a yi amfani da wanda ya kwana, kuma maganar ta sa mutane suna zaton kwana da bushewa abu ɗaya ne. Burodin da ya kwana a leda ya yi tauri ne saboda sitacinsa ya sake ɗaurewa, amma yawancin ruwansa yana nan. Fudin yana son burodin da ya bushe da gaske, wanda ke da ƙishirwa, domin aikinsa shi ne ya shanye kwaɓin ƙwai da madara, sa'an nan ya shanye ɗan abin da ya rage na ruwan fic. Ki yanka shi gutsi-gutsi kamar girman goro, ki baza a faranti, ki sa a obin mai zafin digiri 150 na minti 10 zuwa 15, ya bushe ba tare da ya yi ja sosai ba. A lokacin hunturu ko obin ba kya buƙata, ki baza shi ki rufe da ƙyalle mai shara-shara, kafin wayewar gari iska ta gama aikin.

Irin burodin ma yana da tasiri. Turawa sun fi amfani da mai ƙwai da bota irin buriyosh na Faransa. Bagat, dogon burodin nan da ake sayarwa a Yamai da Maraɗi da Damagaram ta dace sosai, tana da jiki, tana shan kwaɓi ba ta narke ba, sai dai tana son jiƙo mai tsawo saboda ɓawonta. Burodinmu na Najeriya mai laushi da zaƙi, irin na Agege da makamantansa, shi ma yana yi, da sharaɗi biyu: a busar da shi sosai, a kuma rage sukarin kwaɓin da kusan kashi ɗaya cikin huɗu. Idan ba a busar da shi ba, yana shiga madara zai dame.

Ga ma'aunin da ke aiki a kwanon gashi mai kimanin santimita 20 a 30: busasshen burodi giram 400, madara mililita 600, ƙwai 4 da ƙarin gwaiduwa 2, sukari giram 100, gishiri rabin ƙaramin cokali, fic 4 ko 5 matsakaita. Masu rage ƙwai don tsimi suna samun fudin da ba ya tsayawa a wuƙa, masu cika shi kuma suna samun ƙarnin wainar ƙwai. Gwaiduwar nan biyu su ke kawo santsi. Idan madarar gwangwani mara sukari ce a hannunki, irin Peak, ki surka ta da ruwa daidai wa daida, ko ruwan ya ɗan gaza idan kina son maiƙo. Kada ki musanya ta da madarar gwangwani mai kauri da sukari sai in za ki cire sukarin haɗin gaba ɗaya. Gishirin kuwa kada ki raina shi, rashinsa ne ke sa fudin ya yi zaƙi salam.

Kayan ƙamshi wuri ne da hannu ke yawan zarcewa. Ƙamshin fic mai sanyi ne, kirfa cokali guda tana iya danne shi ɗungurungum, kanumfari kuma ya fi ta ƙarfi. Fanila ƙaramin cokali ɗaya, ɗan gogaggen gyaɗar ƙamshi, ko ɗanyar citta kaɗan a cikin suyar fic ɗin, sun wadatar. Man shanu na gargajiya yana da ƙarfin da zai rinjayi komai, don haka bota mara gishiri ta fi dacewa a nan.

Gaggawa wajen jiƙo tana barin farin busasshen burodi a tsakiyar kowane gutsure, kwaɓin kuma ya taru a ƙasa ya daskare shi kaɗai. Ki zuba kwaɓin a kan burodin ki danna da bayan cokali, ki bar shi aƙalla minti 30, bagat ma awa ɗaya. Ki fasa gutsure ɗaya ki duba, idan cikinsa ya jiƙe, an gama. Sai bayan nan ki saka fic ɗin: kashi biyu cikin uku a ciki, ki juya sau ɗaya ko biyu a hankali, sauran ki jera a sama inda zafi zai busar da ruwansa ya ƙara masa launi. Idan jiƙon zai wuce awa ɗaya, a firij za ki yi shi, ɗanyen ƙwai ne da madara.

Wuta ce ke yanke hukuncin ƙarshe. Kwaɓin ƙwai da madara yana kamawa ne a kusan digiri 80, idan ya zarce sosai sai ƙwan ya takure ya matse ruwan da ya riƙe, a samu fudin mai ƙananan ramuka yana tsiyaya. Obin mai digiri 200 zai ƙona saman kafin tsakiya ta ji zafi. Ki tsaya a 170, ki shafe kwanon da bota, ki rufe da takardar alminiyam minti 25 na farko, ki buɗe ki ƙara minti 20 zuwa 25 saman ya yi ja. Alamar gasuwa: gefe ya taso ya tsaya, tsakiya tana ɗan rawa kaɗan idan kin girgiza, wuƙar da kika soka ta fito da damshi amma ba da ruwan madara ba. Ki soka a kan burodi, ba a kan fic ba, domin fic kullum zai jiƙa wuƙa ya sa ki ƙara lokacin da ba a buƙata. Mai ma'aunin zafi ta cire idan tsakiya ta kai 75 zuwa 80.

Mai gashi a tukunya da yashi ko gishiri, matsalarta zafin ƙasa ne. Ki ɗora kwanon a kan wani abin da zai ɗaga shi daga yashin, ki rage wutar, ki sa ɗan garwashi a kan murfin a minti 15 na ƙarshe don saman ya samu launi. Kwano mara zurfi ya fi dacewa da wannan hanyar.

Idan ya fito, ki ba shi minti 20 zuwa 30 kafin ki sa wuƙa. A wannan hutun ne yake ƙarasa kamawa, burodin kuma ya janye sauran ruwan da ke yawo. Abin da ya rage ki sa a firij kafin awa biyu ta cika, a cinye cikin kwana uku, a ɗumama a obin mai sanyin wuta a rufe. Idan wutar lantarkin unguwarku ba ta tsayawa, ki yi rabin ma'aunin da za a cinye a ranar.