Yadda ake kare asusun kuɗi na waya daga 'yan damfara

Ɗan damfara ba ya wahalar da kansa wajen kutsawa cikin kwamfutocin banki. Abu biyu yake nema: ya mallaki layin wayarka, ko kai da bakinka ka karanto masa lambar sirri.

Fara da sim. Mutane kan kulle waya da zanen yatsa ko hoton fuska, su manta cewa ɓarawo zai iya zare sim ya sa a wata wayar nan take. Da ya yi haka, duk saƙon da aka aiko maka, har da lambar OTP, wato lambar sirri ta amfani sau ɗaya da banki ke turowa, hannunsa zai faɗa. Don haka ka kulle sim ɗin kansa. A Android ka shiga saitin tsaro ka nemi SIM lock, a iPhone kuma SIM PIN. Za a fara tambayarka lambar da sim ya zo da ita daga kamfani, sau da yawa 0000 ko 1234. A nan kada ka yi ta cinke. Kuskure uku, sim ya kulle, ba zai buɗe ba sai da PUK, lambobi takwas da ke jikin katin da aka ɓalle sim daga ciki. Kuskure goma a PUK kuwa, sim ya mutu ke nan. Nemo katin tukuna, ko ka tambayi kamfanin layinka, sannan ka sa taka lambar. A ganina wannan ne matakin da ya fi kowanne amfani, kuma shi aka fi sakaci da shi.

Daga nan ka hana saƙonni bayyana a fuskar waya idan tana kulle. OTP ɗin da ake iya karantawa ba tare da an buɗe wayar ba, ba sirri ba ne.

Lambar sirrin asusu kada ta zama shekarar haihuwarka ko ƙarshen lambar wayarka, kada kuma ta zama ɗaya da ta buɗe waya. Kada ka ajiye ta cikin jerin sunaye, can ɓarawo zai duba.

Sai batun kira. Wani zai bugo, murya a natse, ya ambaci cikakken sunanka, ya ce za a rufe asusunka yau idan ba a sabunta bayanai ba. Kuna cikin magana sai ga saƙo mai lambobi ya shigo, ya ce, “Karanto min in kammala maka.” A daidai wannan lokacin yana ƙoƙarin shiga asusunka ne, lambar nan kaɗai ta rage masa. Kashe kiran, ba sai ka yi bayani ba. Kira banki ko kamfanin asusun da kanka ta lambar da ke cikin manhajarsu ko bayan katinka, domin lambar da ke fitowa a fuskar waya ana iya ƙirƙirar ta. Ma'aikacin gaskiya ba ya tambayar PIN ko OTP.

Idan kaya kake sayarwa, kada alat ya ruɗe ka. Buɗe manhaja ka ga kuɗin sun shiga kafin ka saki kaya. Haka ma wanda ya ce ya turo maka kuɗi bisa kuskure, ka duba asusu tukuna, kuma ka bar kamfanin ya mayar masa. Manhaja kuwa, daga Play Store ko App Store kawai za ka sauke, ban da wadda aka turo ta WhatsApp ko saƙon tes.

Idan sabis ya ɗauke maka haka kawai, alhali na kusa da kai masu layi irin naka suna kira, ka yi zargin an sauya layinka zuwa wani sim. Kada ka jira gari ya waye, ari waya ka kira kamfanin layinka da bankinka. Danna ##002# lokaci-lokaci ma yana soke duk wata karkatar da kira da aka sa maka.

Ranar da aka sace wayar, ga tsarin: fara kiran banki ko kamfanin asusun su dakatar da shi, sannan kamfanin layi su toshe sim, sannan ka goge wayar daga nesa ta asusunka na Google ko Apple. Lambobin da za ka kira, ka rubuta su yau a takarda. Tun yau ka danna *#06# ka kwafe lambar IMEI, wato lambar shaidar wayarka mai lambobi 15, za a buƙace ta wajen kai rahoto ga 'yan sanda.