Yadda za ka bi diddigin golan Morishiyas, daga kulob har ƙungiyar ƙasa

Abu na farko tun kafin ka taɓa waya, ka tabbatar da ƙasar da kake nema, don wallahi a nan mutane da yawa ke faɗawa rami. Morishiyas daban, Muritaniya daban. Muritaniya ita ce ta nan yammacinmu mai babban birni Nuwakshot, ita kuwa Morishiyas wani ɗan tsibiri ne can cikin tekun Indiya gabas da Madagaska, babban birninta Port Louis, mutanenta gaba ɗaya ba su kai miliyan ɗaya da rabi ba. A teburin FIFA za ka ga an rubuta MRI, to ita ce, in ka ga MTN kuma Muritaniya ce, ba kamfanin layin waya ba. Na taɓa zama a gidan kallo wani ya rantse ya maya wai golan Morishiyas ya buga kofin Afirka na 2019, aka yi ta musu har aka kusa tashi da faɗa, ashe Muritaniya yake nufi. Morishiyas sau ɗaya tak ta taɓa zuwa kofin Afirka, a Masar a 1974, aka haɗa ta rukuni ɗaya da Kongo da Gini da Zayar, wato Kongo ta Kinshasa a yau, duk ukun suka doke ta, Zayar ɗin ma ita ta ɗauke kofin a shekarar.

Toh in ka tabbatar da ƙasa sai maganar yaren da za ka yi bincike da shi. In ka rubuta sunan gola da Turanci kawai abin da za ka samu bai wuce layi biyu ba, ranar haihuwa da sunan kulob, shi ke nan. Labarin ƙwallon tsibirin nan da Faransanci ake rubuta shi, jaridunsu irin su L'Express da Le Mauricien da Le Défi duk da shi suke fita, a baki kuma yarensu na gida Kiriyol suke yi. Don haka ka haɗa sunan mutumin da kalmar gardien ko portier, ma'anarsu mai tsaron raga, sannan ka ƙara Club M. Wannan Club M ɗin ba kulob ba ne, kar sunan ya ruɗe ka, haka suke kiran ƙungiyar ƙasarsu, wani lokaci kuma su ce Dodo, sunan wani tsuntsu da ya ƙare a tsibirin tun ƙarni na 17. 'Yan'uwanmu na Nijar da Kamaru da Chadi nan sun fi mu sauƙi tunda Faransancin a hannunsu yake, mu kuwa sai dai a jefa wa manhajar fassara, kuma tana yi ba laifi. Ƙasar ma a Faransanci Maurice ake rubuta ta, ka gwada da wannan ma. Sai ka kula da sunaye masu ƙaho biyu irin Jean-Louis, wani shafin zai ɗauki Jean a matsayin sunan yanka ya bar Louis a matsayin na mahaifi, sai ka ga mutum ɗaya ya zama biyu.

Yanzu ga inda aikin yake, wato ɓangaren kulob. Duk golan da za ka bi tarihinsa, ka fara tambayar kanka shin ya fara wasa kafin 1999 ne ko bayanta, domin shekarar nan ta raba ƙwallon ƙasar gida biyu. A da kulob-kulob ɗinsu bisa ƙabila da addini aka gina su, kowa ya san nasa. Fire Brigade ta ƙabilar Kiriyol ce, Scouts Club ta Musulmi, Cadets Club ta mabiya Hindu, Dodo Club ta zuriyar Faransawa. Filin wasa cika yake yi maƙil amma fa akwai gaba a ƙasa. Ranar 23 ga Mayu 1999 aka buga wasan da zai raba gardamar lig tsakanin Fire Brigade da Scouts a filin Anjalay, Fire Brigade ta ci, rikici ya ɓarke ya fantsama cikin gari, aka cinna wuta a wani gidan caca da ake kira L'Amicale a Port Louis, mutum 7 suka mutu a ciki. Gwamnati ta dakatar da lig sama da shekara guda, da aka dawo kuma sai aka ce babu sauran kulob na ƙabila, kowane kulob ya zama na yanki ko na gari.

Ka ga amfanin sanin wannan. In ka duba tarihin gola ka ga wani giɓi tsakanin 1999 da 2000 ba wasa ko ɗaya, kar ka yi saurin rubuta wai rauni ya ji ko koci ya ajiye shi a benci, ƙwallon kulob ce gaba ɗaya aka rufe. Haka in ka ga ya bar tsohon kulob ya bayyana a wani sabo mai sunan gari, ba lallai sayen sa aka yi ba, sau da yawa tsohon ne ya narke sabo ya tashi a gurbinsa, 'yan wasa suka watsu kowa ya nemi inda zai fake. Daga lokacin ne sunaye irin AS Port-Louis 2000 da Pamplemousses SC da Curepipe Starlight suka mamaye teburi. Ita Port-Louis 2000 ta ci lig sau huɗu a jere daga 2002 zuwa 2005, Curepipe Starlight ta yi uku a jere daga 2007 zuwa 2009, Cercle de Joachim ta ɗauka a 2014 da 2015, Pamplemousses kuma ta yi nata zamanin daga baya. Wannan jerin shi ne ma'auninka, in aka ce maka gola kaza ya ci lig sau kaza sai ka ɗora shekarun da ya yi a kulob ɗin a kan shekarun da kulob ɗin ya ci kofi ka ga ko sun hau. RSSSF na da teburan lig ɗin shekara-shekara, shafi ne mara kwalliya kamar takardar jarabawa amma akwai kaya a ciki. Kar ka manta da kofunan gida, akwai na hukumar ƙwallonsu MFA akwai kuma Republic Cup, gola kan iya rasa lig amma ya yi suna a can ta hanyar kaɗe fenariti.

Wani abu kuma, in kulob ɗinsa ya ci lig to ka leƙa zagayen share fage na gasar zakarun Afirka ta shekara mai zuwa, nan za ka ga wasanninsa na nahiya. Yawanci biyu ne, gida da waje, a dawo. Ba raini ba, haka abin yake.

In kuma ka ga an ce ya fita waje, kar ranka ya tafi Ingila ko Sifen tukuna. Wajen da 'yan ƙwallon tsibirin suka fi zuwa shi ne maƙwabciyarsu Reunion, kusan kilomita 200 tsakani, yanki ne na Faransa, da yuro ake biya, kulob-kulob ɗinsu irin JS Saint-Pierroise da Saint-Louisienne da Excelsior sun fi ƙarfin aljihu. Wasu kuma sun gangara Afirka ta Kudu, kamar Orwin Castel wanda ya tsare wa ƙasar raga a farkon shekarun 2000 ya kuma taɓa Manning Rangers ta Durban. Akwai kuma kishiyar haka, waɗanda aka haifa a Faransa iyayensu 'yan Morishiyas ne aka kira su suka amsa, irin su Kevin Bru da ya buga wa Ipswich da Lindsay Rose da ya taɓa Lyon, su ba gololi ba ne amma a raga ma ana samun irinsu. In golanka irin wannan ne to tarihin kulob ɗinsa a ƙananan rukunan Faransa za ka tono shi, ba a tsibirin ba.

Sai mu zo kan ƙungiyar ƙasa, kuma nan ne nake so ka nutsu don lissafin wasanni a nan yake rikicewa. Za ka buɗe shafin intanet na National Football Teams ka ga adadi ɗaya, ka buɗe na Transfermarkt ka ga wani daban, ka karanta jaridar gida ka ga na uku wanda ya fi duka yawa, sai ka ce wani ƙarya yake. Ba wanda ya yi ƙarya. Matsalar ita ce gasar da ta fi komai daraja a wajen ɗan Morishiyas ita ce wasannin tsibiran tekun Indiya, Jeux des Îles, da ake yi kusan duk bayan shekara huɗu tun 1979, ana haɗuwa da Madagaska da Seychelles da Komoros da Maldives da Reunion da Mayotte. To Reunion da Mayotte ba membobin FIFA ba ne, saboda haka wasa da su ba ya shiga lissafin FIFA, alhali kuwa Reunion ita ce babbar abokiyar hamayyarsu, wasan da duk ƙasar ke tsayawa cak a kalla. Ka ga gola zai iya yin wasan rayuwarsa a gaban mutanensa amma wani shafin ya nuna kamar bai ma saka safar hannu ba a ranar. Morishiyas ta ci zinare a ƙwallo sau biyu, 1985 da 2003, duka a gida kuma duka ita ta doke Reunion a wasan ƙarshe, a 2019 kuma aka sake haɗuwa a ƙarshe a Morishiyas ɗin, Reunion ta rama. In kana bin tsohon gola irin Désiré L'Enclume na shekarun 1980, ko na baya-bayan nan irin Kevin Jean-Louis na Pamplemousses, to shekarun wasannin tsibiran nan su za ka fara dubawa kafin komai.

Shawarata ka ɗauki takarda ko ka buɗe tebur a waya ka raba wasanninsa gida-gida da kanka. Na neman gurbin kofin duniya da na Afirka wuri ɗaya, na COSAFA wato gasar kudancin Afirka wuri ɗaya, na neman gurbin CHAN ta 'yan wasan gida wuri ɗaya, na tsibirai da na sada zumunta su ma nasu. A kowanne ka rubuta ko shi ya fara ko a benci ya zauna, don gola ba kamar ɗan gaba ba ne da ake sakowa minti goma ya rage, mutum zai iya shekara biyar ana kiransa sansani bai buga wasa uku ba saboda akwai na ɗaya a gabansa. Kira daban, buga wasa daban, kar ka haɗa su. A COSAFA ɗin nan ka duba Janairun 2004, lokacin da suka doke Afirka ta Kudu 2-0 a Curepipe, irin wannan ranar ce ake tuna gola da ita har ya tsufa.

Daga nan sai hukunci, shin golan ya iya ko bai iya ba. Ni dai a ganina yawan ƙwallayen da aka zura masa ba ya gaya maka komai in ba ka duba wa ya zura ba. A neman gurbin kofin duniya na 2026 an saka su rukuni ɗaya da Kamaru da Kef Bade da Angola da Libiya da Eswatini, wasan farko Kamaru ta ba su 3-0 a Douala, bayan 'yan kwanaki suka riƙe Angola canjaras babu ci a gida. Golan da ke tsaye a bayan irin wannan ƙungiya aikinsa ya ninka na golan babbar ƙasa, ana ta yi masa ruwan ƙwallo minti casa'in, kuma da yawa daga abokan wasansa na gida ba da ƙwallo kaɗai suke ci ba. Don haka ka nemi bidiyo, ko na minti biyar ne a YouTube ko Facebook, ka ga yadda yake fitowa kwana, yadda yake tsara katanga, ko yana yi wa masu tsaron bayansa magana, ko ƙwallo na zille masa a hannu. Ka kuma lura da filin. George V da ke Curepipe a kan tudu yake tsakiyar tsibirin inda ruwan sama ba ya jin kira, ƙwallo jiƙaƙƙiya ciyawa santsi, kuskuren da gola ya yi a nan ba ɗaya ba ne da wanda ya yi a sabon filin Côte d'Or da aka gina don wasannin 2019.

In kana son kallon wasa kai tsaye kuma ka tuna agogonsu ya riga na Najeriya da Nijar da awa uku, wasan ƙarfe huɗu na yamma a can ƙarfe ɗaya na rana ne a nan, ana idar da azahar ka duba waya, in ka bari sai la'asar sakamako kawai za ka tarar.